Zuwa Gdansk a Ayari: Tambayoyi da Amsoshi Kafin a Ɗaure Kaya

Gdansk tsohon birni ne na fatake da jiragen ruwa a bakin Tekun Baltic, a arewacin ƙasar Poland. Wannan shafi na waɗanda ke son zuwa a ayari ne, abokai ko dangi ko ɗalibai, su yi kwana uku ko huɗu su dawo. Birnin kansa ba shi da wuyar sha'ani, ƙarami ne, da ƙafa ake zaga cikinsa. Abin da ke ɓata irin wannan tafiya tun daga gida yake farawa: biza, kuɗi, da rashin wanda za a ji maganarsa. Shi ya sa za ku ga mun fi daɗewa a kansu.

Me ke Gdansk da har za a tsallake Paris da Landan a je can?

Manyan al'amura biyu na ƙarni na 20 daga nan suka tashi. Da asubahin 1 ga Satumba 1939, jirgin yaƙin Jamus mai suna Schleswig-Holstein ya buɗe wuta a kan wani ƙaramin sansanin sojan Poland a Westerplatte, a bakin tashar jiragen ruwan birnin. Yaƙin Duniya na Biyu ke nan ya fara, yaƙin da daga baya ya kwashi kakanninmu daga Kano da Zariya da Sakkwato ya kai su dazuzzukan Bama. Sojojin da ke wurin, wajen 200, sun yi kwana bakwai suna tirjiya kafin su miƙa wuya. Shekara 41 bayan nan, a Agustan 1980, ma'aikatan masana'antar ƙera jiragen ruwa ta birnin suka shiga yajin aikin da ya haifi ƙungiyar ƙwadago ta Solidarność, wadda ba ta huta ba sai da mulkin kwaminisanci ya faɗi a ƙasar a 1989.

Ga kuma tsohon garin. An fara ambatar sunansa a rubuce tun 997. Arzikinsa daga hatsi da katako ya zo, waɗanda ake gangaro da su ta kogin Vistula a yi lodinsu zuwa yammacin Turai, kuma attajiran suka zuba ribar a dogayen gidaje sirara masu ado da ke jere a titin Długa da dandalin Długi Targ. Sai dai ku sani, galibin abin da za ku gani sabon gini ne da tsohuwar fuska. A 1945 yaƙi ya rushe kusan kashi 90 cikin 100 na tsakiyar birnin, aka sake ɗaga shi ana bin tsofaffin zane-zane da hotuna. Jamusawa Danzig suke kiransa, kuma tsakanin 1920 da 1939 ba ya ƙarƙashin Jamus, ba ya ƙarƙashin Poland kai tsaye, birni ne mai nasa majalisar.

Sannan masauki da abinci sun fi na Paris da Landan sauƙi, wanda ba ƙaramin abu ba ne ga mutum goma.

Kwana nawa ya isa?

Cikakkun kwana uku, ban da ranar sauka da ta tashi. Yini ɗaya na tsohon gari, ɗaya na tarihin yaƙi da na ma'aikata, ɗaya na fita waje. Wanda zai taso tun daga Najeriya ko Nijar, da tsadar tikiti da wahalar biza, gara ya haɗa da Warsaw. Jirgin ƙasa mai sauri bai cika kaiwa awa uku ba tsakanin biranen biyu.

Wane lokaci ne ya fi dacewa?

Ƙarshen Mayu zuwa Yuni, ko farkon Satumba. Akwai rana, babu cunkoso sosai. Yuli da Agusta su ne lokacin da 'yan ƙasar kansu ke kwararowa bakin teku, masauki ya yi tsada, samun teburin mutum goma a gidan abinci ya zama aiki. A tsakanin ƙarshen Yuli da tsakiyar Agusta ne kuma ake cin Kasuwar Dominik, wadda asalinta ya koma 1260. Mako uku ake yi tituna cike da rumfuna, ana sayar da kayan da, da aikin hannu, da abinci. Tana da daɗin kallo, amma in a lokacinta za ku je, ku kama masauki da watanni.

Disamba na da kasuwar Kirsimeti da fitilu, amma rana na faɗuwa wajen ƙarfe uku da rabi, ga iska mai ratsa ƙashi daga teku. Sanyin hunturun Jos wasan yara ne a kanta. Ko a bazararsu ma ku saka rigar sanyi mara nauyi a jaka, yamma kan juya.

Biza fa? Za mu iya nema a dunƙule?

A'a. Ko da a rana ɗaya kuka miƙa takardu, kowa da nasa fayil, kuma kowa da nasa hukunci. Poland na cikin yankin Schengen, ƙasashen Turai da ake shiga da biza ɗaya, tun 2007, don haka bizar Schengen ta gajeren zama ake nema, a kuma ofishin jakadancin ƙasar da za a fi daɗewa a cikinta. Poland na da ofishin jakadanci a Abuja, kuma shafinsa na intanet ne ya kamata ku dogara da shi wajen jerin takardu da yadda ake samun ranar ganawa. Ku bar jita-jitar 'yan tsakani.

Ƙa'idojin da ba sa canzawa daga wannan ofishi zuwa wancan su ne: fasfo ya kasance da sauran aƙalla wata uku bayan ranar fitowa, da shafi biyu da ba a buga komai a kai ba, inshorar lafiya ta tafiya da ta kai yuro 30,000, shaidar masauki da ta jirgi, da shaidar kuɗi da abin yi a gida. Kuɗin biza na babba yuro 90 ne tun Yunin 2024, kuma ba a mayarwa in an hana. Ana iya nema tun saura wata shida a tafi. Amsa takan fito cikin kwana 15, amma tana iya kaiwa 45.

Gaskiyar da ba a son faɗa a zauren WhatsApp ita ce, Najeriya na cikin ƙasashen da ake yawan hana wa wannan biza, kuma cikin mutum goma da wuya a ce kowa ya samu. Matashin da bai taɓa fita ba, ba shi da tsayayyen albashi, shi ne aka fi juya wa baya. Kada kuma a yi dabarar nan ta zuba wa mutum miliyoyi a asusunsa saura mako ɗaya a kai takarda. Ma'aikatan biza sun san wannan kan gado tun kafin a haife ta. In wani ne zai ɗauki nauyin wani, ya rubuta haka ƙarara, ya haɗa da takardunsa na banki.

Ina zaune a Ingila da izinin zama. Ni ma sai na nemi biza?

In fasfonka na Najeriya ne, ko Nijar, ko Ghana, e, sai ka nema. Izinin zaman Birtaniya ba ya shigar da mutum Schengen. Wanda ke da izinin zama a Jamus ko Faransa ko Italiya shi ne zai wuce ba tare da sabuwar biza ba.

Ta ina ake bi?

Babu jirgin da ke tashi daga Najeriya ko Nijar kai tsaye zuwa Gdansk. Ana sauya jirgi a Amsterdam, ko Frankfurt, ko kuma a bi ta Istanbul zuwa Warsaw a ƙarasa da jirgin ƙasa. Mazauna Ingila sun fi kowa gata, ƙananan kamfanoni irin su Wizz Air da Ryanair na zuwa kai tsaye, sai dai ku karanta ƙa'idar kaya da kyau, don a can suke fanshe arahar tikitin.

Filin jirgin birnin sunan Lech Wałęsa, jagoran Solidarność, aka sa masa, nisansa daga tsakiyar gari wajen kilomita 12. Bas mai lamba 210 na kaiwa har babbar tashar jirgin ƙasa, akwai kuma Bolt da Uber. Ƙaramar mota mutum huɗu take ɗauka, ba a cusa na biyar komai roƙo. In kun kai goma da akwatuna, ku sa masauki ya tanadar muku babbar mota tun kafin ku sauka.

Wa zai riƙe kuɗi, wa zai yanke magana?

Ku naɗa madugu. Sunna ma ta koyar da cewa mutum uku in sun fita tafiya su shugabantar da ɗayansu. Kada ku zaɓe shi don ya fi kowa kuɗi ko shekaru, ku zaɓi wanda ke amsa saƙo a kan lokaci, wanda kuma zai iya ce wa babban yaya “Yaya, ka yi haƙuri, mun tafi” ba tare da an yi faɗa ba. Ma'aji ya zama wani daban, kada mutum ɗaya ya haɗa baki da lalita.

Asusun ayari na abin da aka haɗu a kai ne kawai: masauki, tikitin gidajen tarihi, mota daga filin jirgi. Abinci da tsaraba kowa ya ji da kansa, domin a nan ne ake samun mai cin kifi na kuɗi da yawa da mai shan shayi kaɗai, a zo raba kuɗi daidai a fara ƙunƙuni. In tafiyar da saura, adashin wata-wata ya fi a tashi rana ɗaya a ce kowa ya kawo.

Tambaya ɗaya ku amsa ta a rubuce kafin kowa ya tura sisi: in aka hana Wane biza, ko ya fasa saura mako biyu, kasonsa na masauki wa zai biya? Duk amsar da kuka ba da daidai ce, muddin an yarda da ita tun farko. Kuma har sai biza ta fito, ku kama masaukin da ake iya sokewa kyauta, ku guji tikitin da ba a mayar da kuɗinsa.

Poland na cikin Tarayyar Turai tun 2004, amma ba ta amfani da yuro. Kuɗinta zloty ne, yuro ɗaya ya ɗan haura zloty huɗu. Kusan ko'ina ana karɓar kati, har a ƙananan shaguna, amma ku tambayi bankinku ko katin naira zai yi aiki a waje da iyakar abin da zai ba ku. Naira da sefa ba su da mai canji a can. Ku zo da yuro ko dala, ku canza a shagunan da aka rubuta wa Kantor a cikin gari, na filin jirgi suna da yanka. In na'urar cirar kuɗi ta tambaye ku ko ta yi muku lissafi da kuɗin ƙasarku, ku ƙi, ku zaɓi zloty.

Otal ko gidan haya?

Ga ayarin da zai yi girki ya yi salla cikin jam'i, gidan haya mai ɗakuna da kicin ya fi. Biyu kusa da juna, na maza da na mata, shi ne tsarin da ya fi kawo kwanciyar hankali. Gidajen tsohon gari suna da kyau a hoto, amma da yawa ba su da lif, matakalarsu siririya ce mai tsayi. In da Hajiya mai ciwon gwiwa a cikinku, ku tambaya kafin ku biya. Sabbin gine-ginen tsibirin Wyspa Spichrzów, tsallaken kogin Motława, suna da lif, kuma gada kawai za ku haye ku shiga tsohon gari.

Daga ƙarfe goma na dare zuwa shida na safe lokacin shiru ne a gidajen Poland, maƙwabta kuma ba sa jin kunyar kai ƙara. Hirar dare da shewa a rage murya. Banɗakinsu babu abin tsarki, ku saka ƙaramar buta a kaya. Soket ɗinsu mai ƙafa biyu zagayayyu ne, cajar Najeriya mai ƙafa uku ba za ta shiga ba sai da adafta.

Me za mu ci? An ce komai nasu alade ne.

Ba komai ba, amma da yawa. Kalmar da za ku haddace ita ce wieprzowina, naman alade ke nan. Schabowy, soyayyen naman da ke kan kowane jerin abinci, alade ne. Haka galibin kiełbasa, da bigos, da miyar żurek. Farin abin da wasu gidajen ke kawowa kyauta tare da burodi, smalec, kitsen alade ne, kada wani ya ɗauka man shanu ne ya lakuta.

Tarkon da ya fi kama mutane shi ne pierogi, ƙullin fulawa da ake cusa wa abu a dafa. Wanda ake kira ruskie dankalin Turawa ne da cuku a ciki, babu nama, amma sau da yawa ana barbaɗa masa soyayyen kitsen alade a sama. Ku ce a kawo shi da albasa da man shanu kawai, ku kuma tambaya da me aka soya albasar.

Mafita ita ce kifi, tunda bakin teku kuke. Dorsz da flądra soyayyu da dankali, ko śledź ga mai iya cin kifi mai tsami. Shagunan kebab sun cika gari, wasu na Turkawa da Larabawa ne, amma ku tambaya, kada ku yanke hukunci daga sunan shago. Masu son araha su leƙa bar mleczny, gidajen abincin talakawa da suka rage tun zamanin kwaminisanci, inda ake ɗaukar faranti a bi layi. Abincin ƙasar ba shi da yaji ko kaɗan, ƙullin yajin gida zai yi muku rana. Kilishi kuwa ku bar shi a gida, doka ta hana shiga Tarayyar Turai da nama ko madara a kaya.

Akwai masallaci?

Akwai, a titin Abrahama, ta wajen unguwar Oliwa. An fara gina shi a 1984, aka buɗe a 1990, kuma Tatar ne suka gina shi, Musulmin da suka shafe fiye da shekara 600 a wannan yanki na Turai. In kwanakinku sun haɗa da Juma'a, ku tsara yinin a can. Lambun Oliwa na kusa, wurin hutawa ne mai kyau bayan an sauko.

Lokutan salla su ne za su ba ku mamaki. A Yuni rana na fitowa jim kaɗan bayan ƙarfe huɗu, ba ta faɗuwa sai bayan tara, kuma shafaƙi ba ya gushewa sarai, shi ya sa manhajojin waya ke saɓa wa juna a kan isha'i. Ku bi jadawalin masallacin garin. A Disamba kuma azahar da la'asar da magariba duk suna shigowa cikin awa huɗu, ga shi kuna tsakiyar gidan tarihi. Hukuncin kasaru da haɗa salla ku tambayi malaminku tun a gida, kada a tsaya muhawara a bakin titi. Alƙibla kudu maso gabas take, ta fi karkata kudu. Agogonsu daidai yake da na Najeriya da Nijar a lokacin sanyi, daga ƙarshen Maris zuwa ƙarshen Oktoba kuma suna gaba da awa ɗaya.

In lokaci ya ƙure, me ba za a bari ba?

Cibiyar Solidarność ta Turai, wadda aka buɗe a 2014 a bakin tsohuwar masana'antar jiragen ruwa. Ginin daga waje ƙarfe ne mai launin tsatsa, da gangan aka yi shi haka don ya yi kama da jikin jirgi. A ciki akwai allunan katako na asali da masu yajin aiki suka rubuta buƙatunsu 21 da hannu suka rataye a ƙofa, na farkonsu 'yancin kafa ƙungiyar ƙwadago da ba ta ƙarƙashin jam'iyya mai mulki. Abin da ya tayar da yajin korar wata ma'aikaciya ce, Anna Walentynowicz, saura watanni ta yi ritaya. Lech Wałęsa, mai gyaran lantarki da shi ma aka kora a baya, ya jagoranci tattaunawar, aka sa hannu ranar 31 ga Agusta 1980. Cikin shekara guda mambobi suka kai wajen miliyan 10. Gwamnati ta kafa dokar soja a Disamban 1981, amma bakin alƙalami ya riga ya bushe: Wałęsa ya karɓi kyautar Nobel a 1983, ya zama shugaban ƙasa a 1990. A gaban ƙofar akwai dogayen gicciye uku na tunawa da ma'aikatan da aka harbe a 1970. Duk wanda ya taɓa zama gida saboda yajin aiki zai ga abin da ya sani a nan.

Gidan Tarihin Yaƙin Duniya na Biyu, da aka buɗe a 2017, a ƙarƙashin ƙasa babban baje-kolinsa yake, kuma awa uku ba ta isarsa. Yana da nauyi a zuciya. Kada ku haɗa shi da cibiyar can a safiya ɗaya, kada kuma ku tilasta wa yara ƙanana. Dukansu biyu akwai na'urar bayani da Ingilishi da ake sawa a kunne. Ku sayi tikitin ayari ta intanet, ku kuma duba ranakun hutu, gidajen tarihi da yawa ba sa buɗewa ran Litinin.

A tsohon gari, ku tsaya a Żuraw, na'urar lodi ta katako ta ƙarni na 15 a bakin kogi, wadda a da mutane ke shiga cikin manyan tayoyinta na katako suna takawa don ɗaga kaya. Cocin Maryamu, ɗaya daga cikin manyan cocin bulo a duniya, an fara shi a 1343 aka gama a 1502. Hasumiyarsa na da matakala sama da 400, daga sama ana ganin gari duka har teku. Maza kan cire hula in za su shiga.

Dole ne mu riƙa tafiya tare duk yini?

Ba dole, kuma ba zai yiwu ba. Mutum goma sha biyu ba sa jin yunwa lokaci ɗaya. Abu ɗaya a yi tare da safe, a watse, a haɗu da yamma a gindin mutum-mutumin Neptune da ke Długi Targ, wanda aka kafa a wurin a 1633 kuma kowa zai iya nuna muku shi. Kowa ya riƙe adireshin masauki a takarda, waya na mutuwa. Lambar gaggawa 112.

A bas da jirgin lantarki na cikin gari, tikitin takarda sai an cusa shi a ƙaramar na'ura ta buga masa lokaci. Masu bincike na shiga ba zato, kuma “ni baƙo ne” ba ta hana tara. Manhajar Jakdojade na nuna hanya da lokaci.

Sopot ko Malbork?

In da yara ko tsofaffi, Sopot. Wajen minti 20 ne a SKM, jirgin ƙasa na kewayen gari, akwai rairayi da gadar katako da ta shiga teku sama da mita 500. Ruwan da sanyi ko a Yuli. In ayarin na masu son tarihi ne, Malbork, ƙasa da awa ɗaya a jirgin ƙasa: ƙatuwar fadar bulo ta Teuton, wata tsohuwar rundunar mayaƙan Kirista Jamusawa, wadda ta zama hedikwatarsu a 1309, tana cikin jerin UNESCO tun 1997. Rabin yini take ci, da tafiyar ƙafa mai yawa. Jirgin ƙasa ba ya jiran wanda ya tsaya ɗaura ɗankwali.

Baƙar fata da mai hijabi za su sake?

Za a kalle ku, musamman in kun fito da manyan riguna da mayafai a jere, don baƙar fata ba su da yawa a ƙasar. Galibi kallo ne kawai. Tsakiyar Gdansk ta saba da baƙi, matasa na jin Ingilishi, kuma rashin murmushin masu shago ɗabi'a ce, ba da ku ake ba. Gaisuwar dzień dobry in an shiga shago tana sassauta fuska. Ku kauce wa gungun mashaya da tsakar dare, kada mace ta koma masauki ita kaɗai a irin wannan lokaci, kowa kuma ya riƙe fasfonsa a jikinsa.

Wace tsaraba za mu kawo?

Bursztyn, ƙaron itatuwan da ya daskare shekaru miliyoyi ya zama kamar dutse ruwan zuma, wanda teku ke watsowa gaɓa. Titin Mariacka cike yake da masu sayar da shi, sarƙa da zobe da 'yan kunne, mai neman carbi kuma zai iya sayen ƙwayoyin a shirya masa a gida. Jabu na roba na da yawa, don haka ku saya a shago mai ba da takardar shaida, ku kuma fara leƙa gidan tarihinsa da ke tsohon ginin da ake kira Babban Injin Niƙa don idonku ya san na gaske. Kwalbar nan mai ɗigon zinariya a ciki, Goldwasser, giya ce, kada kyanta ya ja wani.

Kada ku bar sayayya sai Lahadi. Tun 2018 doka ta hana manyan kantuna buɗewa a galibin ranakun Lahadi. Gidajen abinci da shagunan tsaraba da wasu ƙananan kantuna irin Żabka suna buɗewa, amma takalma da jakunkuna da cefanen girkin ayari, ku gama da su ran Asabar.